Yaya Ake Nuna Damuwar da Ba a Furta Ba a Fim?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina shirya gajeren fim a kan matar aure da wani abu ke cin ranta, amma kullum tana shara da girki kamar ba komai. Ba na son kuka ko doguwar magana. Yaya zan yi mai kallo ya gane? Daga mai karatu, Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Sai mai kallo ya haddace yadda matar take aikinta kafin ya lura da ranar da ta kauce. Haka Chantal Akerman 'yar Beljiyam ta yi a fim ɗinta Jeanne Dielman na 1975, mai tsawon fiye da awa uku. Kwana uku ake bin wata mata da mijinta ya rasu. Ranar farko komai tsaf. Rana ta biyu dankali ya dahu ya zarce, sai ta ɗauki tukunyar tana zagaya gida, ta rasa inda za ta ajiye. Rana ta uku burushin goge takalmi ya suɓuce mata. Ƙananan abubuwa ne, amma gaban mai kallo sai ya faɗi.

To, zaɓi aiki ɗaya, misali haɗa shayin safe. Ɗauke shi sau uku, kyamara a girke kan abin ɗora ta mai ƙafa uku, wuri ɗaya, tsayi ɗaya. Manna alama a ƙasa don kada ta gusa. Sau biyun farko jerin ya zama iri ɗaya: ruwa, ganye, sukari cokali biyu, murfi. A sa mutum guda ya rubuta jerin, don in aka saɓa tun farko, kuskuren gangancin ba zai fito ba. A na uku canza abu ɗaya tak: ta manta murfin, ko ta sake zuba sukari.

Kada a sa kiɗa. Kusanto da makirufo wajen hannunta, a nisanta janareta, ƙarar cokali ta fito.

Inda aka fi ɓata aikin shi ne fuska. Jaruma takan ɓata rai don a san tana cikin damuwa, alhali matar da kake nufi ɓoyewa take yi. Ka ce mata ta mai da hankali ga shayin kawai. Shi kuma edita, mai yankawa da haɗa hotunan fim, yakan ga shirun ya yi tsawo ya datse. Ka hana shi. Bayan kuskuren, a bar ta tsaye daƙiƙa 10 zuwa 15 kafin a yanke.