Sai da ɗan jagora ake zaga wuraren bautar Buddha a Kyoto?

Malam, ka tambaya ko sai da ɗan jagora za ka zaga wuraren bautar Buddha da lambunan birnin Kyoto na ƙasar Japan a ƙafa. Wurin bauta na Kinkaku-ji dai ba ya buƙata, hanya ɗaya kowa ke bi. Wurin bauta na Ryoan-ji mai lambun duwatsu, tafiyar kusan minti 20 daga nan, a can jagora ke da rana: duwatsu 15 ne a kan tsakuwa, kuma duk inda ka zauna a baranda ba ka ganinsu duka. In ba mai bayani, sai ka ce fili ne kawai.

Sa takalmi mai sauƙin cirewa. Kada ka makara, yawanci ƙarfe 5 na yamma ake rufewa. Wurin bauta na Saiho-ji kuwa sai ka yi rajista tun kafin ranar. Jagora mai lasisi, tambayi ofishin masu yawon buɗe ido na tashar jirgin ƙasan Kyoto.