Amsa ga mai ƙurajen da ke fesowa in ta shiga rana

Wa'alaikumus salam 'yar'uwa, Allah ya ba ki lafiya, ya sa kaffara ne. Tun jiya da daddare na ga tambayarki, sai yanzu na samu zama. Kin ce mako uku ke nan, duk ranar da kika fita sai fuskarki da bayan hannunki su kama ƙaiƙayi da raɗaɗi, ƙuraje su feso, amma duk inda hijabi ya rufe lafiya lau. An ce miki borin jini ne, kin sha magani bai yi ba. Na kuma ga masu cewa ki shafa lemun tsami da zuma. Don Allah dakata da wannan tukuna, ki ji yadda muka ƙare da lemun tsami.

Ni sana'ata haɗa abin sha na biki, zoɓo da kunun aya da lemun citta. Wata shekara cikin Afrilu, ana tsananin zafi, na karɓi aikin wani suna. Na zauna a tsakar gida na matse lemun tsami kusan rabin kwando da hannu, ruwan yana bin yatsuna yana gangarowa har gwiwar hannu. Da na gama sai na goge da gefen zani kawai, na shiga wanke robobi da shanya har la'asar. Ranar ban ji komai ba. Washegari da yamma bayan hannuna ya fara zugi kamar na yanka attaruhu, a kwana na biyu kuwa sai ga bororo manya-manya cike da ruwa, sai ki rantse tafasasshen ruwa ne ya zubo mini. Abin da ya fi ɗaga hankalin mutanen gida shi ne yanayin ƙunar: layi-layi ce, daidai inda ruwan ya gangara, har da shatin yatsu uku a damtsena inda na dafa. Surukata ta ce gizo-gizo ne ya yi fitsari. Maƙwabciya kuwa ta ja ni gefe ta ce in tashi tsaye, mai sana'a ba ta rasa mahassada.

Likitar fata da na je wurinta ko minti biyu ba ta yi tana duba hannun ba ta ce, "Hajiya, me kika matse?" Ita ta fahimtar da ni cewa lemun tsami, musamman ɓawonsa, yana ɗauke da wani sinadari da ake kira soralen. In ya zauna a fata kina cikin inuwa, ba abin da zai yi miki. Amma in hasken rana ya same shi a wurin, sai ya rikiɗe ya ƙona fatar. Akwai irinsa a ganyayyakin lambu da ake kira seleri da fasli, da man wani lemu da ake kira bagamot wanda ake sa wa turaruka. Da a ce na wanke hannuna da sabulu na kuma bar rana, da ba a yi haka ba. Bororon ya warke cikin kwana goma, amma baƙin tabon sai da ya kusa wata bakwai kafin ya dusashe, ina ta jan hannun riga a gidajen biki.

To abin da nake so ki riƙe shi ne, irin wannan ciwo abu biyu ne ke haɗuwa su haifar da shi: wani abu da ya shiga jiki ko ya hau fata, da kuma rana. Kin shekara nawa kina shiga rana ba ta yi miki haka ba? Saboda haka tambayar ita ce, mene ne sabo da ya shigo rayuwarki kafin makonnin nan uku?

Kuma iri biyu ne. Nawa ƙuna ce zalla, kowa ma in lemun ya hau fatarsa da yawa ya kuma sha rana zai iya ƙonewa, kuma takan bayyana cikin 'yan awoyi zuwa kwana ɗaya ko biyu, raɗaɗinta ya fi ƙaiƙayi. Ɗayan kuwa garkuwar jiki ce ke yin bore. Rana tana sauya sinadarin, jiki ya ɗauke shi a matsayin baƙo ya yi ta yaƙarsa. Wannan ba kowa yake kamawa ba, sai wanda jikinsa ya riga ya tsani abin, kuma ɗan kaɗan ya isa ya tayar da shi. Yakan fito bayan kwana ɗaya zuwa uku, da ƙananan ƙuraje masu ƙaiƙayin tsiya, wani lokaci har ya tsallaka inda rana ba ta taɓa ba. Daga bayaninki na fi zargin na biyun, amma ni ba likita ba ce, mai zoɓo ce da ta sha wuya.

Fara da magungunan da kike sha. Zan rubuta sunayen yadda suke a jikin kwali don ki iya dubawa, kuma ki nemi ƙaramin rubutun da ke ƙarƙashin sunan kamfani, nan ainihin sunan yake. Doxycycline da tetracycline suna kan gaba, ga su ana ba 'yan mata saboda ƙurajen fuska, ana kuma ba mata saboda ciwon sanyi. Sai ciprofloxacin da muke sha kamar gyaɗa da sunan taifod, da cotrimoxazole, da griseofulvin na makero, da quinine. A magungunan ciwon jiki akwai piroxicam, wanda 'yan acaɓa da manoma ke saya a kemis ko wurin masu talla, su ne kuma masu wuni a rana. Sai na hawan jini masu sa fitsari, irin hydrochlorothiazide da furosemide.

Na hawan jinin nan a gida na gan shi. Mahaifiyata, bayan an sauya mata magani, sai goshinta da kumatunta da bayan ƙafafunta suka yi duhu suna saɓa. Mun ɗauka tsufa ne da sanyin hunturu, muka yi ta lafta mata man kaɗe. Da yake na riga na ƙone sau ɗaya, wata rana tana alwala sai na lura: ƙarƙashin haɓarta fes, bayan kunnenta fes, a ƙafarta kuwa ga shatin igiyar silifas nan fari tas a tsakiyar duhun, kamar an zana. Na kwashi magungunanta duka a leda muka koma asibiti, likita ya musanya ƙwaya ɗaya da wata, a hankali fatar ta dawo. Ki lura, likita ne ya musanya. Kada wata ta karanta wannan ta je ta hana tsohuwarta shan maganin hawan jini, shanyewar ɓarin jiki ta fi baƙin goshi muni nesa ba kusa ba.

Ke ma yau ki tsaya gaban madubi ki yi wannan dubawar. Fatar saman ido, ƙarƙashin haɓa, bayan kunne, inda agogo ko zobe ke zama. In waɗannan wuraren sun tsira alhali kewayensu ya kamu, to da hannun rana a ciki. Kada ki jira ki ga ja, a baƙar fata ba kasafai jan yake nunawa ba, sai dai duhu da kumburi da kaushi.

In ba kya shan komai, sai ki koma kan abin shafawa. Turare ne na farko, musamman wanda ake fesawa a wuya da hannu kafin a fita. Akwai wani miski na haɗi mai suna musk ambrette da ya addabi maza masu shafa turaren bayan aski, har Tarayyar Turai ta hana sa shi a kayan kwalliya a 1995. Can baya ma, a farkon shekarun 1960, wani sinadarin kashe ƙwayoyin cuta da aka sa a sabulu ya jawo wa dubban mutane irin wannan ciwo a Ingila, sai da aka cire shi. Su ke nan masu bin diddigi, ina ga turaren ɗure da mayukan haɗi da ba ko takarda a jikin kwalbar? Ban ce duk suna da illa ba, ni ma ina saye, amma in fata ta rikice su ne farkon abin ajiyewa. Sai man zafi na ciwon gaɓoɓi mai ketoprofen, wanda a takardarsa ma an rubuta a kare wurin daga rana lokacin shafawa da mako biyu bayan an daina, da man ƙaiƙayi mai promethazine. Abin haushi, har man kariyar rana kansa yana iya zama mai laifin, in akwai oxybenzone a ciki. In za ki saya, nemi mai zinc oxide ko titanium dioxide.

Yanzu ki ajiye duk wani sabon mai, sabulu da turare, ki koma sabulu marar ƙamshi da basilin zalla. Ki rage fita daga ƙarfe goma zuwa huɗu, in ta kama dole ki sa safar hannu ki riƙe laima, hijabin kuma ya zama mai kauri, don shara-shara haske na ratsa shi. Zama kusa da tagar mota ma shiga rana ne, domin nau'in hasken da ke tayar da ciwon, wanda ake kira UVA, yana wuce gilashi, hadari kuma ba ya tare shi duka. In wurin yana zafi ki ɗora tsumma mai ruwan sanyi. In ya yi bororo kada ki fasa. Man bilicin kuwa ko kusa, na san baƙin tabo yana sa mutum ya yi abin da bai yi niyya ba, amma fatar da ke ciwo in aka ƙara mata shi sai ta yi laushi ta ƙara baƙi.

Asibiti dai sai kin je, tunda an kai mako uku. Ki tafi da kwalayen da kwalaben su kansu, har da na gargajiya da shayin rage ƙiba in kina sha. In kuma akwai zazzaɓi, ciwon gaɓoɓi, zubewar gashi, gyambo a baki ko gudawa da ta ƙi tsayawa, kada ki ƙara kwana, domin akwai cututtukan cikin jiki da ƙarancin sinadarin abinci da kan fara nuna kansu ta haka. Kafin nan ki ɗauki hoton wurin a inda akwai haske don likita ya ga yadda yake in ya tashi, ki kuma rubuto mana sunan maganin da kika ce kin sha na borin jinin, don wasu daga cikin na ƙaiƙayin ma suna cikin waɗanda ake zargi.