Lasifika biyu, amma an rubuta 7.1

Ɗana, jiya da ka kwance hedifon ɗin da aka kawo gyara ka tambaye ni ina sauran lasifikokin suke, tunda kwalinsa ya ce 7.1, wato lasifika bakwai kewaye da mai sauraro da ɗaya ta sauti mai kauri, amma biyu kacal ka gani. Ba a cuci mai shi ba, ragowar aikin manhaja ce ke yi.

Rufe idonka in tafa hannu ta damanka. Ƙarar za ta riga shiga kunnen dama, na hagu ya samu daga baya, da tazarar da ba ta kai kashi 1 cikin 1,000 na daƙiƙa ba. Kanka kuma ya tare ta, sai ta isa hagu da rauni. Lanƙwashe-lanƙwashen fatar kunne su ma suna sauya sautin, da su ne ƙwaƙwalwa ke gane gaba ne ko baya, sama ne ko ƙasa. Abin da manhajar ke kwaikwayo ke nan, masana suna ce masa HRTF. To amma kowa da irin kunnensa. Wani zai ji takun sawu a bayansa ƙarara, wani ya ji shi a tsakiyar ka. Shi ya sa ba na so ka riƙa yi wa kwastoma rantsuwa. Sa masa ya ji da kunnensa.

Cikin manhajojin da ke wannan kwaikwayon, ka fara da Windows Sonic, kyauta ne, yana cikin Windows 10 tun 2017. Dolby Atmos da DTS Headphone:X sai an biya, kar ka sa mutum kashe kuɗi kafin ya gwada.

Inda yara ke ɓata aiki shi ne kunna irin wannan manhaja fiye da ɗaya a lokaci guda. Kwanaki wani ya zo yana cewa sautin wasan kwamfutarsa ya koma kamar a cikin rijiya. Da na duba, manhajar hedifon a kunne, Sonic a kunne, shi ma wasan da nasa. Na kashe biyu, sauti ya washe nan take.

A lasifikar tebur kuwa abin ya fi wuya, domin sautin ta hagu yana shiga kunnen dama ma. Sai mutum ya zauna daidai tsakiya, da ya gusa shi ke nan.

Kuma kar ka gwada da waƙa ko karatu, yawancinsu hanya biyu aka naɗe su. Ɗauko fim mai 5.1, wato mai hanyar sauti shida, a kwamfutar shago, ka kunna Sonic ka kashe sau uku, ka zo ka gaya mini abin da ka ji.