Tambayi Likita: Madarar jarirai mai alamar HA, riga-kafi ce ko magani?

Tambaya: Assalamu alaikum Likita. Jaririna yana da wata biyu, hutun haihuwata kuma ya kusa ƙarewa. Babansa yana da asma, yayarsa ta sha fama da ƙaiƙayin fata da borin jini tun tana goye. Wani mai kemis ya nuna mini madarar gwangwani mai alamar HA, ya ce idan na fara ba shi ita ba zai gaji wannan lalura ba. Kuɗinta ya fi na sauran nesa ba kusa ba. In saya? Daga wata mai jego, Yelwa, Bauchi.

Amsa: Wa alaikumus salam 'yar'uwa, Allah ya raya. HA taƙaitawa ce ta kalmar Turanci hypoallergenic, wato wadda aka yi don rage tayar da borin jiki. In dai don riga-kafi ne, riƙe kuɗinki.

Ki lura da kindirmo idan ya kwana a ƙwarya: gudaji na zama a ƙasa, wani tsinkakken ruwa mai ɗan fatsi-fatsi ya taso sama. Furotin ɗin nonon saniya kashi 80 cikin 100 yana cikin gudajin, kashi 20 yana cikin wannan ruwa. Daga furotin ɗin ruwan ake yin yawancin madarar HA. A masana'anta ana zuba masa sinadarai irin waɗanda hanji ke narka abinci da su, su daddatsa shi ƙanana. Dabarar ita ce garkuwar jikin jariri da siffa take gane baƙon furotin, to idan an farfasa siffar wataƙila ta wuce shi ba ta tayar da bori ba.

Farfasawar mataki-mataki ce, kuma a nan iyaye suka fi ruɗewa. HA rabi-rabi aka daddatsa ta, da sauran manyan gutsattsari a ciki. Akwai wadda aka farfasa sosai, wadda likita ke rubuta wa jaririn da aka tabbatar jikinsa ba ya karɓar madarar shanu. Akwai kuma ta ƙarshe da aka haɗa daga ƙwayoyin ginin furotin zalla, don wanda ko ta biyun ta gagare shi.

Maganar riga-kafi tana da asali. Tsakanin 1995 da 1998 an fara wani bincike a Jamus mai suna GINI a kan jarirai sama da 2,000 da ke da gadon irin wannan lalura, aka ga ƙaiƙayin fata ya ɗan ragu ga waɗanda suka sha wasu nau'o'in madarar da aka farfasa, idan aka gwada su da masu shan madarar gwangwani ta yau da kullum. Asma kuwa ba a ga ta ragu a shekarun farko ba. Da aka tattara gwaje-gwaje masu yawa aka tace su a mujallar likitoci ta BMJ a 2016, sai aka rasa tsayayyar hujja, aka kuma lura da yawa daga cikinsu kamfanonin madara ne suka ɗauki nauyinsu. A 2019 ƙungiyar likitocin yara ta Amurka ta ce babu isasshiyar shaida cewa wannan madara na hana lalurar, ko ga jaririn da ke da gado. Sannan ki riƙe wannan: yawancin gwaje-gwajen da madarar gwangwani ta yau da kullum aka kwatanta HA, ba a taɓa nuna ta fi nonon uwa ba.

Abin da zai amfane shi ya fi araha. Ki ci gaba da nono zalla har wata 6. Ki fara koyon tatsa tun mako biyu kafin komawa aiki, da safe lokacin da nono ya cika, a kofi mai murfi da aka tafasa. A ɗaki mai sanyi yana kai awa 4, a firji mai tsayayyar wuta kwana 3 zuwa 4. A zafin Maris da Afrilu na Bauchi kada a bar shi ya jima a waje. Mai reno ta ba shi da ƙaramin kofi.

Idan ya cika wata 6, kada tsoro ya sa ki hana shi kunun gyada mai laushi da dafaffen ƙwai. Wani gwaji da aka yi a Landan, aka wallafa a 2015, ya nuna fara ba da gyada da wuri ya rage borin gyada da kusan kashi 80 cikin 100 ga yaran da ke cikin haɗari. Gyada ɗaiɗaya dai a'a, tana shaƙe yaro. In kuma fatarsa ta riga ta yi tsanani, a ga likita kafin cokalin farko.

Tambaya: Likita, nonon maiɗakina ya ƙafe bayan doguwar jinya, 'yarmu mai wata uku tana kan HA. Kashinta kore ne mai ruwa-ruwa, mahaifiyata ta ce madarar ba ta sa ƙiba. Gwangwani ba ya kai mako, har mun fara rage cokali. Daga wani magidanci, Pantami, Gombe.

Amsa: Malam, Allah ya ƙara wa maiɗaki lafiya. Ka kwantar wa Hajiya da hankali game da kashin. Furotin da aka farfasa yana saurin wucewa ta hanji, shi ya sa kashi ke yin laushi da kore, wani lokaci da wari. Gwaje-gwajen awon nauyi sun nuna jariran da ke shan irin wannan madara, idan ta cika ƙa'ida, suna girma daidai da masu shan ta yau da kullum.

Abin da ya tayar mini da hankali shi ne rage cokalin. Wannan shi zai hana ta girma, cikinta ya cika da ruwa, jiki ya zauna da yunwa, ruwan ya yi yawa kuma ya tsinka gishirin jini har ya kai ga jijjiga. Cusa gari fiye da ƙima shi ma yana wahalar da ƙoda.

A yawancin gwangwanaye cokalin awo ɗaya ne ga ruwa mililita 30, amma a duba jikin naku, a kuma yi amfani da cokalin da ya zo a cikinsa. Ruwa ake fara zubawa, sannan gari, a shafe kan cokali da bayan wuƙa mai tsabta ba tare da dannawa ba. Garin madara ba tsarkakakke ba ne daga ƙwayoyin cuta, don haka Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a dama da ruwan da zafinsa bai gaza digiri 70 ba: a tafasa, a sauke, kada ya wuce minti 30, a dama, a tsoma kwalbar cikin ruwan sanyi, a ɗiga a bayan hannu kafin a ba ta. Abin da ya kai awa 2 a zubar, ragowar da ta sha kuma ba a ajiye ta.

Jariri na bukatar kimanin mililita 150 ga kowane kilo a yini. Mai kilo 5 ke nan tana shan wajen 750. A watannin farko ana sa ran ƙarin giram 150 zuwa 200 a mako, kuma katin awo ne alƙali, ba kumatu ba. In dai likita bai ce jikinta na ƙin madarar shanu ba, ku koma madarar jarirai ta matakin farko mai lambar NAFDAC, ku dama ta cikakkiya. Ta fi HA da aka tsinka.

Tambaya: Ɗana mai wata huɗu yana kashi da zaren jini da majina tun da na haɗa masa da madarar gwangwani. Maƙwabciyata ta ce in koma HA ko nonon akuya. Daga wata uwa, Azare.

Amsa: Ko ɗaya kada ki ba shi, 'yar'uwa. Manyan gutsattsarin da suka rage a HA sun isa su tayar wa yaro mai wannan lalura, furotin ɗin akuya da na tunkiya kuma kusan ɗaya suke da na saniya. Madarar waken suya ma ba a so kafin wata 6.

Jini a kashi na iya zama atuni ko tsagewar dubura, don haka a fara kai shi sashen yara a gwada. Idan zargi ya tsaya kan madara, wadda ke damun jarirai 2 zuwa 3 cikin 100, mafi sauƙi shi ne ki koma nono zalla. In alamun ba su lafa ba, likita zai iya ce miki ke ma ki bar madara, fura da nono da yogot na ɗan lokaci. In nono bai isa ba, zai rubuta wadda aka farfasa sosai, kusan 9 cikin 10 na irin waɗannan yara na karɓarta. Tana da ɗaci, sai an lallaba. Bayan mako 2 zuwa 4 ana sake gwada madarar da yake sha a baya bisa umarnin likita, don dawowar alamun ce ke tabbatar da cutar. Yawancin yara suna rabuwa da ita kafin shekara 5.

In kuwa kika ga leɓe ko fuska sun kumbura, numfashi na fita da ƙara, ko jiki ya saki jim kaɗan bayan sha, a nufi asibiti nan take, ko da tsakar dare ne.