Angon da aka ce tela ne

'Yata, saƙonki ya iso, na sa ƙaninki ya karanta mini har sau biyu saboda idon nan nawa. Kin ce yaron da ke neman aurenki kiɗan fim yake haɗawa a situdiyo, babanki kuma ya rantse ba zai haɗa zuri'a da makaɗi ba. Kina tambaya daga ina wannan al'ada ta fito, kuma ko mu kaɗai ke yin ta.

Ba mu kaɗai ba ne. Akwai wani Ba'indiye, Naushad Ali, Musulmi, haifaffen birnin Laknau a 1919. Mahaifinsa akawun kotu ne, mutumin takarda da alƙalami, a ganinsa kiɗa zubar da mutuncin gida ne. Shi kuwa yaron ya maƙale wa wani shagon kayan kiɗa, yana taya su gyaran akwatin nan da suke kira hamoniyam. Da dare sai ya tafi sinima. Lokacin finafinai ba sa magana, makaɗa ake zaunarwa gaban allo suna bin labarin da kiɗa, nan ya fara koyon inda ake sa zuciya ta tsinke da inda ake kwantar da ita. Da abin ya ishi uban sai ya ce ya zaɓa, ko gida ko kiɗa. A 1937 ya kama hanyar Bombay, har ya yi ta kwana a bakin titi a unguwar Dadar, daura da wata sinima mai suna Broadway.

Ya yi yaron gida a hannun manyan masu kiɗan fim irin su Khemchand Prakash, ya samu fim na kansa a 1940, sannan a 1944 waƙoƙin da ya haɗa wa fim ɗin Rattan suka game Indiya. To ga inda nake so ki buɗe kunne. Da aka tashi yi masa aure, iyayensa ba su iya furta sana'arsa a gidan surukai ba, sai suka ce tela ne a Bombay. Ranar biki 'yan badujala suka zo rakiyar ango, me za su busa? Waƙoƙin Rattan, don su ake yayi. Manya na tsaki suna tsine wa wanda ya haɗa wannan abu mai lalata tarbiyya, ango na zaune cikin furanni, bakinsa alaikum. Shi da kansa ya sha ba da labarin nan yana dariya.

Daga baya kam duniya ta san shi. Fim ɗin Baiju Bawra na 1952, wanda ya gina kiɗansa a kan ma'aunan kiɗansu na gargajiya da suke kira raga, a Broadway ɗin nan aka buɗe shi, shekara 15 bayan isowarsa garin. Shakeel Badayuni na rubuta masa baiti, Mohammed Rafi da Lata Mangeshkar na rerawa. Shi ya yi kiɗan Mother India a 1957 da Mughal-e-Azam a 1960. Gwamnatin Indiya ta ba shi lambar Dadasaheb Phalke ta 1981, babbar lambar girmamawa ta harkar fim a can, ya rasu a Mumbai, wato Bombay ɗin da, a 2006. Ni da babanki mun kalli Mother India a Kano ban san adadi ba, a sinimar da ba ta da rufi, muna rawar sanyi lokacin hunturu. Kada ki ce ni na gaya miki, amma har yau in yana wanke mota ya kan yi gunagunin wani amo daga ciki, bai ma san na makaɗi ba ne.

A wurinmu, tushen abin roƙo ne. Da, sana'a gado ce: ɗan maƙeri ya yi ƙira, ɗan mahauci ya yi fawa, ɗan makaɗi ya ɗauki ganga ko kalangu, kowa kuma ya fi yin aure cikin irin gidansu. Makaɗi da kyauta yake ci, ya wasa ka ka ba shi, ka hana shi ya yi maka zambo. Shi ya sa ake son kiɗansa ranar suna da biki, amma ake ƙyashin a ce surukin gida hannunsa ne a ƙasa. Sai malamai suka ƙara da nasu, ga kuma tsoron yawon dare da zaman banza. Ko Shata, da ba gado ya yi ba, mahaifinsa bai so waƙar ba.

Yaron naki, in na fahimce ki, aiki ake ba shi a biya shi, ba ya bin kowa da kirari. Wannan ya rage rabin maganar. Sauran rabin babanki yana da gaskiya, dole a bincika: sallarsa, abokansa, ƙarfe nawa yake komawa gida, ko yana da abin riƙe ki in kasuwar fim ta faɗi. Ni kawu ne, ba ni ke ba da aurenki ba, saboda haka kada ki ɗaga wa mahaifinki murya kina cewa Kawu ya goyi bayanki.

Ki turo mini shi ranar Juma'a bayan la'asar, ina zaure. Ki ja masa kunne ya faɗi sana'arsa yadda take, kada ya zo ya ce mini tela ne.