Muryar Kawu Lawal ga Nura kan bashin gida: yadda miliyan 10 ke zama miliyan 21

Na zauna na rubuta muryar da Kawu ya turo jiya da dare, saboda masu cewa ba ta buɗe masu ba. Yadda ya faɗa haka na rubuta.

Assalamu alaikum jama'ar gida, barkanmu da dare. Nura, ɗana, na saurari saƙonka tun bayan la'asar, ina Ƙofar Ƙaura wajen gaisuwar rasuwa, shi ya sa ban amsa ba. Ga waɗanda ba su ji ba, Nura cewa ya yi an yi mashi tayin bashin gida ta asusun NHF, wato asusun gidaje na ƙasa, naira miliyan 10, ruwa kashi 6 cikin 100, a riƙa cire mashi naira 59,955 duk wata har shekara 30. Sai wani abokin aikinshi ya ce mashi kafin ya gama zai biya sama da miliyan 21. Shi ne yake tambaya, gaskiya ne ko cuwa-cuwa ce ake shirin yi mashi.

To Nura, abokinka bai yi ƙarya ba. Kuma ba cuwa-cuwa ba ce, lissafi ne, a fili yake, mu ne dai ba mu zama mu buga shi. Ɗauki wayarka yanzu. Shekara 30 wata 360 ke nan. Buga 59,955 sau 360. Za ka ga miliyan 21 da dubu 583 da 'yan kai. Cire uwar kuɗin, miliyan 10, abin da ya saura, miliyan 11 da rabi da ɗoriya, shi ne kuɗin ruwa. Wato ka sayi gida guda, ka biya kuɗin gida biyu har da canji.

Na san mi ke ɗaure maka kai. Kana cewa kashi 6 na miliyan 10 ai dubu 600 ne, ina aka samo miliyan 11? Dubu 600 ɗin nan na shekara guda ne, ɗana. Kowace shekara sai an sake lissafa ruwa a kan abin da ya rage a wuyanka. Kamar haya ce kake biya a kan kuɗin mutane, muddin suna hannunka haya na tafiya.

Bari in buɗe maka cikin watan farko ka gani. Raba dubu 600 gida 12, dubu 50 ke nan. Cikin 59,955 da za a cire maka, dubu 50 cif ruwa ne. Naira 9,955 kaɗai ta taɓa uwar kuɗi. Wata na biyu ana binka miliyan 9 da dubu 990 da 45, sai ruwan ya ragu da kamar naira 50, naira hamsin fa, ba dubu hamsin ba. Haka abin zai yi ta jan ciki. Bayan shekara 5 ka zuba kusan miliyan 3 da dubu 600, amma har yanzu ana binka miliyan 9 da dubu 300. Bayan shekara 10 ka biya sama da miliyan 7, ana binka miliyan 8 da dubu 370. Sai ka haura shekara 18 kafin abin da ke shiga uwar kuɗi a wata ya fi abin da ruwa ke ci. Rabin bashin kuwa ba zai faɗi ba sai wajen shekara ta 21. Lokacin Ummi da ke goye yanzu ta gama jami'a, in Allah ya raya ta.

Wannan abin ni ya taɓa ci na, kuma abin kunyar ni akanta ne, shekara 30 da wani abu ina lissafin kuɗin gwamnati. Lokacin da nake ƙarasa gidan nan na Sabuwar Unguwa, rufi ya gagare ni, na je wani banki, ba sai na kira suna ba, na karɓi miliyan 2 a kan ruwa kashi 20, shekara 10. Ana cire mani dubu 38 da ɗari 6 da wani abu duk wata. Da na shekara 3 ina biya, sai na ce bari in sauke kayan nan in huta. Na yi lissafina na cikin kai: na biya kusan miliyan 1 da dubu 400, saura dubu 600. Na sayar da bijimai biyu da nake kiwo a ƙauye, na haɗa da ɗan abin da ke hannun Hajiya, na ƙulla dubu 700 cikin baƙar leda, na sa babbar riga, na tafi banki ina taƙama. Yarinyar da ke kan tebur, sa'ar ɗiyata, ta danna kwamfuta, ta juyo mani da fuskar allon, ta ce, "Baba, miliyan 1 da dubu 740 ake binka." Na ce ta sake dubawa, ƙila lambar wani ta buga. Ta buga mani takarda mai layi-layi, kowane wata da layinshi, ga ruwa ga uwa. Na cire tabarau na goge na mayar. Wallahi a kujerar nan na zauna ledata kan cinya, fankar sama na juyawa, ni kuwa zufa har cikin hula. Dubu 260 kacal na rage cikin shekara 3. Wannan takardar da ta ba ni, ita ce ya kamata in nema tun ranar da zan sa hannu, ban nema ba, su ma ba su ce ga ta ba.

Don haka abu na farko, kafin alƙalaminka ya taɓa takarda, ka ce a ba ka jadawalin biya, tun daga wata na 1 har wata na 360. Haƙƙinka ne. Ka duba layin ƙarshe, jimilla. Mutanenmu abin da muke tambaya kawai shi ne nawa za a riƙa cirewa a wata, da mun ji albashi zai ɗauka shi ke nan an gama magana. Su ma masu ba da bashin sun san da haka, shi ya sa kullum kuɗin wata suke fara faɗa maka.

Yanzu ga inda dabara take, wato yawan shekaru. Miliyan 10 ɗin nan, ruwa bai canza ba, in ka ce shekara 20 za ka biya, kuɗin wata zai koma 71,643. Ƙarin bai kai dubu 12 ba. Amma jimilla ta sauko miliyan 17 da dubu 200, ka tsira da kusan miliyan 4 da dubu 400. In shekara 15 ce, 84,386 a wata, jimilla miliyan 15 da dubu 190. Ka ga shekaru goman ƙarshen nan da suke yi maka kama da sauƙi, su ne masu tsada.

Sai dai ba a barinka ka zaɓa yadda ka ga dama. Ƙa'idarsu ita ce abin da za a cire kada ya wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da kake samu. Mai son biyan 59,955 sai albashinshi ya kai wajen dubu 180, mai son na shekara 20 sai ya kai dubu 215. Kuma dole bashin ya ƙare kafin ritaya, kai da kake shekara 30 ne ma ake yi maka maganar shekara 30, irin su Yaya Sabi'u da suka ba 45 baya ba za su samu haka ba. To in albashinka bai kai na gajeren zango ba, akwai wata hanya. Ka karɓi na shekara 30 ɗin, amma ka riƙa ɗora dubu 10 a kai duk wata, a rubuce cewa uwar kuɗi za ta shiga. Na buga shi ɗazu a bayan ambulan: bashin zai ƙare cikin kamar shekara 21, ka rage ruwa na kusan miliyan 4. Dubu 10 fa, kuɗin da muke ƙonawa a data da anko. Kuma ƙarin da ka yi a shekarun farko ya fi na ƙarshe amfani nesa ba kusa ba, don kowace naira da ka rage a bashin yau ta daina haihuwa har shekara 30. Amma ka tambaya tukunna, in mutum ya biya da wuri akwai tara ko babu. Ni sai da suka cire mani wani abu a kan dubu 700 ɗin nan, wai na saɓa lokaci.

Ku yi haƙuri, muryar ta yanke, jikan nan ne ya fizge cajar. Ina ci gaba.

Akwai tambayoyi biyu da nake so ka yi masu baki da baki. Ta farko, ruwan nan a kan ragowar bashi ake lissafa shi, ko a kan dukan uwar kuɗin tun daga farko har ƙarshe? Duk lissafin da na yi maka na ragowa ne. Wasu masu ba da bashi, musamman ƙananan nan na unguwa, a kan dukan kuɗin suke ɗorawa, ko ka biya rabi ruwan bai san ka biya ba. Da irin wannan ne, kashi 6 na shekara 30 miliyan 18 zai zama, ba 11 da rabi ba, alhali duka biyun "kashi 6" za a ce maka. Ta biyu, ruwan tsayayye ne ko mai hawa da sauka? Na NHF tsayayye ne. Asusun nan dokar 1992 ce ta kafa shi, ana cire ma ma'aikaci kashi 2.5 na albashi, bankin FMBN na gwamnatin tarayya ke riƙe da kuɗin, yana ba bankunan bashin gidaje a kan kashi 4, su kuma su ba ka a kan kashi 6. Na bankunan kasuwa kuwa yawanci bin Babban Banki yake, shi kuma a ƙarshen 2024 ya kai ma'auninshi na kuɗin ruwa kashi 27.5. Ka ɗauka an ba ka miliyan 10 ɗin a kan kashi 24, shekara 15. Kuɗin wata dubu 205 da ɗari 8, a watan farko dubu 200 cikinsu ruwa ne, jimilla miliyan 37. Wannan ko maƙiyina ba zan ba shawarar ya shiga ba.

Kada kuma ka manta da ƙananan da ba su cikin kashi 6: kuɗin kafin alƙalami, kuɗin lauya, na masu ƙiyasta darajar gida, inshora, da zirga-zirgar takardu. Tun dokar filaye ta 1978 ba a jinginar da gida mai C of O, wato takardar shaidar mallaka, sai da amincewar gwamna, kuma wannan ma da kuɗinta. Don kafin alƙalamin, tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa ta yarda mutum ya ciri har kashi 25 na asusun fanshonshi, in ya cika sharuɗɗa. Ni dai ban cika son a taɓa fansho ba, na ga yadda tsufa ke cin kuɗi.

Bari in yi adalci, kada a ce Kawu tsoratarwa kawai ya iya. Akwai abin da ke gefenka, wato faɗuwar darajar naira. A Disambar 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8. Dala da take wajen naira 460 a farashin gwamnati kafin Yunin 2023, a 2024 ta haura 1,500. Dubu 60 ta yau ba ita ce dubu 60 ta shekara 15 masu zuwa ba, ƙila lokacin ko buhun masara ba za ta saya ba, kai kuma kuɗin watanka na nan inda yake, mai gidan haya kuwa kullum cikin ƙari yake. Ta fuskar lissafi zalla, kashi 6 tsayayye a ƙasar nan rangwame ne babba. Amma wannan hujjar na aiki ne in albashinka na hawa. In farashi ya hau albashi ya tsaya, cirewar na nan daram, cefane ne zai ji a jikinshi.

Sai babbar magana, wadda na ga Malam Bishir ya riga ya taɓo da ya rubuta "riba fa?" Gaskiyarka, Malam. Ayar na nan cikin Baƙara, Allah ya halatta ciniki ya haramta riba. Ni da na shiga a wancan lokacin, istigfari nake har gobe, kuma lokacin babu zaɓin da kuke da shi yanzu. Akwai bankunan Musulunci, Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021, suna da tsarin da banki zai sayi gidan ya sayar maka da ribar ciniki sananniya, ko ku yi tarayya kana biyan haya kana sayen kasonshi sannu a hankali har ya zama naka. FMBN ɗin ma na da tsarin haya har ka mallaka. Hukuncin kowane ɗaya fagen su Malam ne, Nura ka je ka zauna da su da takardun a hannu, kada ka je da labarin baki. Abin da ni zan ƙara ta ɓangarena shi ne, can ɗin ma ka nemi jimilla. Halal ba ya nufin araha, ribar da za su ɗora ita ma da yawan shekaru take tafiya, ta shekara 10 ba ɗaya take da ta shekara 5 ba.

In ra'ayina kake so, da ni ne kai, zan fara duba filin nan naka na hanyar Batagarawa. Ka shiga adashi ko ƙungiyar ma'aikata ta wurin aikinku, bana harsashi, baɗi linta, ka rufa ɗaki biyu ka shiga, sauran su biyo baya. Haka iyayenmu suka gina rabin garin nan. Illarshi siminti ba ya jiran kowa, kuma kana gini kana biyan haya. In ka auna ka ga bashin ne mafita, kuma malamai sun warware maka, to kada ka karɓi miliyan 10 don an ce ka cancanci miliyan 10, karɓi iya abin da zai rufe maka gida, a mafi gajeren zangon da albashinka zai ɗauka.

Ka ɗauki hoton takardar tayin, duka shafukan har da masu ƙananan rubutun nan na baya, ka turo mani ni kaɗai, kada ka sa a nan. Ko kuma ranar Asabar bayan azahar ka biyo gida da ita da takardar albashinka ta wata uku, mu zauna a zaure mu buga. Ka gaishe mani da Maman Ummi. Sai da safenku.