Kyamara ta kama motata a jan danja a Bronx alhali ba ni ke tuƙi ba: in biya ko in ja?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina zaune a Bronx, cikin birnin New York. Makon jiya na tarar da wasiƙa a akwatina daga hukumar birni, da hoton motata ta baya a wata mahaɗa, wai ta keta jan danja, in biya dala 50. Ni ranar ina wurin aiki. Ɗan ƙanwata ne ya ari motar zai kai mahaifiyarsa cefane, kuma ya rantse mini fitilar tana kan ruwan ɗorawa ya wuce. A bakin masallaci wasu sun ce in yaga takardar, ba abin da zai faru. Wasu kuma sun ce za a sa mini maki a lasin, kuɗin inshora ya hau. Ga shi ina shirin neman takardar zama ɗan ƙasa. Shin ana iya mayar da tarar kan yaron? In ba a yi, in je in yi jayayya ko in biya kawai? Daga wani magidanci a Bronx.

Amsa: Wa alaikumus salam, Alhaji. Ka kwantar da hankalinka, amma kada ka yaga takardar. Mutanen bakin masallacin nan, ɓangare biyun duka sun yi kuskure, sai dai kuskuren masu cewa a yaga shi ne mai tsada.

Takardar da ke hannunka sunanta Notice of Liability, wato sanarwar ɗora alhakin biyan tara. Ba irin tikitin da ɗan sanda ke rubuta wa direba ba ce idan ya tsayar da shi a gefen titi. Dokar jihar New York, sashe na 1111-a na dokar motoci da zirga-zirga, ta ɗora alhakin tarar kyamara kan mai motar, wato wanda sunansa ke jikin rajista, ko shi ne a sitiyari ko ba shi ba. Shi ya sa ka ga hoton daga baya aka ɗauke shi, lambar mota ta fito sarai amma ba fuskar kowa. Da gangan aka yi haka. Hukuma ba ta neman sanin wa ya tuƙa, motar take bi, motar kuwa taka ce. Saboda haka "ba ni ne ke tuƙi ba" ba hujja ba ce a New York matuƙar da yardarka aka ɗauki makulli, kuma doka na ɗauka cewa da yardarka ne sai in ka nuna akasin haka. Kai da bakinka ka ce aro ya yi. Kada wani ya ba ka shawarar ka ce ba da saninka ya fita da ita ba, domin ƙarya a gaban alƙali ta fi dala 50 nauyi nesa ba kusa ba, balle ga mai shirin neman zama ɗan ƙasa. Ba a mayar da tarar kan sunan yaron. Abin da doka ta ba ka shi ne damar ka bi shi ya biya ka, wannan kuwa tsakanin kawu da ɗan ƙanwarsa ba sai an je kotu ba.

Wannan tsarin da ya ɗaure ka, shi ne kuma ya sauƙaƙa maka. Tunda ba a tabbatar da direba ba, dokar ta hana a ɗauki tarar a matsayin laifin tuƙi. Ba maki ko ɗaya a lasin ɗinka, ba ta shiga tarihin tuƙinka a DMV, wato hukumar lasin da rajistar motoci ta jiha, kuma ba a amfani da ita wajen lissafin inshora. Da a ce ɗan sanda ne ya tsayar da yaron a wannan mahaɗar, da labarin ya sha bamban: tikiti da sunansa, maki 3 a lasin ɗinsa, tara da ta ninka wannan sau da yawa, sannan shari'a a ofishin laifukan tuƙi na DMV, inda ba a yin cinikin rage laifi. Kyamarar da kake jin haushinta, rangwame ta yi masa.

Batun zama ɗan ƙasa kuwa, wannan tara ce ta kuɗi kawai, ba kamu ba ce, ba kuma shari'ar aikata laifi ba. Ka biya ko ka yi jayayya a kan lokaci, ka adana rasit da takardar tare, ranar da za ka cike fom ka nuna wa lauyanka ya faɗa maka inda za ta shiga in har za ta shiga. Abin da ba ya yi wa mai nema kyau shi ne a tarar da bashin hukuma da ya yi watsi da shi.

Yanzu ga abin da masu cewa a yaga ba su faɗa maka ba. Kwana 30 gare ka daga ranar da aka fitar da takardar. In suka wuce ba ka biya ba kuma ba ka nemi a saurare ka ba, sai a ƙara dala 25, ta koma 75. In ka ci gaba da shiru, bayan kimanin kwana 75 sai a yanke hukunci a bayan idonka, bashin ya shiga kundin kotu, kuɗin ruwa na kashi 9 cikin ɗari a shekara ya fara hawa. Daga nan abin ya daina zama na wasa. Duk wanda bashin tikitocinsa da aka yanke wa hukunci ya haura dala 350, haɗe da na fakin da na kyamarar gudu, ana iya ɗaure masa taya da ƙarfe ko janwe ta ja motar, kuma kuɗin kwancewa da na ja daban suke. In hukunce-hukuncen suka kai uku cikin wata 18 ana iya hana ka sabunta rajista. Mutum ya fito da asuba zai tafi aiki ya tarar da ƙarfe a tayarsa da takarda manne a gilashi, in aka bi salsala sai a ga 'yan hamsin-hamsin ne da aka tura ƙarƙashin tulin wasiƙu.

Ita maganar "ba abin da zai faru" ba daga sama ta faɗo ba, labarin wasu jihohi ne aka ɗauko aka yafa wa New York. New Jersey, da ke tsallaken kogi, ta rufe kyamarorinta na danja a ƙarshen 2014. Teksas ta haramta su a 2019. Wanda ya zauna can zai gaya maka gaskiyar can. Masu tsoratar da kai da maki su ma wataƙila labarin Kalifoniya suka ji, inda aka daɗe ana ɗaukar fuskar direba, tarar ta doshi dala 500, ga kuma maki. Amurka ba doka ɗaya take bi a wannan fanni ba. New York kuwa gaba take yi da abin: tun 1994 take da waɗannan kyamarori, kuma a Oktoban 2024 Gwamna Kathy Hochul ta sa hannu a dokar da ta ɗaga adadin mahaɗun da birnin zai iya sa wa kyamara daga 150 zuwa 600.

Sai rantsuwar yaron. Ba na cewa ƙarya yake, domin direba kan tuna launin da ya gani lokacin da ya yanke shawarar taka totur, ba launin da ke sama lokacin da tayarsa ta taka layi ba. Tsakanin biyun bai fi daƙiƙa ɗaya ba, amma a nan shari'ar take. A dokar New York, shiga mahaɗa fitila na kan ruwan ɗorawa ba laifi ba ne, ko da ja ta same ka a tsakiya. Laifin shi ne tsallake layin tsayawa bayan ta riga ta yi ja. Kyamarar ma ba ta harbawa sai ja ta kama.

To, ka ɗauko takardar ka shimfiɗa ta a tebur, ka kira shi ya zauna kusa da kai. Hoto na farko zai nuna motar kafin farin layi. Ka dubi abu biyu a cikinsa: ina tayoyin gaba suke, kuma wane launi ke ci a fitilar. Hoto na biyu zai nuna motar ta yi nisa cikin mahaɗa. Jikin hotunan akwai wani siririn layi na lambobi mai ɗauke da rana, da lokaci, da tsawon daƙiƙun da ja ta yi tana ci kafin a ɗauka. A takardar akwai lambar sanarwa da lambar sirri da za ka shiga da su shafin da aka rubuta maka a intanet, ka ga hotunan da girmansu. In a hoton farko motar na bayan layi kuma fitila ja ce, magana ta ƙare. Ka biya, ka karɓi hamsin ɗinka a wurin yaron. In kuwa tayoyin gaba sun riga sun haye layi a hoton farko, ko fitilar ba ta fito yadda za a ce ja ce ba, to kana da abin faɗa.

Wani abu da ke kama baƙi da yawa: a cikin birnin New York ba a juyawa dama a kan jan danja sai inda aka kafa allo da ya halatta. A sauran sassan jihar da galibin Amurka ana yi bayan an tsaya cak. In yaron a wata jiha ya koyi mota, ka duba ko kwana ya sha, kuma ka sani "ai dama na juya" ba ta fid da mutum a nan.

Hujjojin da ke da ƙarfi ba su da yawa, kuma kowacce da takardarta take tafiya. In sace motar aka yi ko lambarta, rahoton 'yan sanda ake nema, wanda aka shigar kafin lokacin da kyamara ta ɗauka. In ka sayar da motar kafin ranar, ka kawo takardar ciniki da rasit ɗin mayar da lamba na DMV, mai suna FS-6T. In an karanta lamba ba daidai ba, misali hoton na nuna farar Toyota taka kuwa baƙar Honda ce, kwafin rajistarka da hoton motarka sun wadatar. Lalacewar fitilar a lokacin ma doka ta ambace ta a matsayin kariya, sai dai kai za ka nuna ta lalace, faɗa da baki ba ya isa. Akwai kuma inda ɗan sanda ko jami'in hanya ne ya miƙa hannu ya ce a wuce, domin umarninsa ya fi na fitila. Wanda ya matsa gaba don ya ba motar asibiti ko ta kwana-kwana hanya shi ma yana da abin da zai gabatar, musamman in motar mai jiniyar ta fito a hoton ko yana da kyamarar gaban mota da ta naɗa. Idan kuma ɗan sanda ya ba direba tikiti a kan wannan ketawar har aka same shi da laifi, ba a sake cin mai mota tara a kanta.

Waɗanda ba sa aiki kuwa: ina sauri, ban ga kyamara ba, motar gabana na bi, ba kowa a hanyar, ba ni da kuɗi. Alƙalan nan sun ji su har sun gaji. Ka kuma tuna cewa wani ma'aikacin birni ya duba hotunan ya sa hannu a takardar shaida, doka kuma ta karɓe ta a matsayin hujja tun daga farko. Kai ne za ka rushe ta.

In ka yanke shawarar ja, Sashen Kuɗi na birni ne ke sauraro, ta hanya huɗu: a shafinsu na intanet, ta manhajar waya mai suna NYC Pay or Dispute, ta wasiƙa, ko ka je da ƙafarka ofishinsu, akwai ɗaya a kowace gunduma har da Bronx. Sauraron kyauta ne kuma ba sai da lauya ba. Ɗaukar lauya a kan dala 50 ma ɓarnar kuɗi ce. Ka nema cikin kwana 30 ɗin nan, kuma kada ka biya tukuna, domin biya amsa laifi ne. Ka rubuta bayaninka gajere: lambar sanarwa, hujjarka ɗaya tak, da abin da ke tabbatar da ita. "A hoto na farko tayoyin gaba sun wuce layin tsayawa" ta fi shafi biyu na bayanin halin kirkinka. In ta wasiƙa ne, kwafi za ka aika, ka riƙe na asali. In hukunci bai yi maka daɗi ba, kana da kwana 30 na ɗaukaka ƙara, amma masu duba ƙarar kuskuren alƙalin farko suke nema, don haka duk shaidar da kake da ita ka zube ta tun a zaman farko.

A ra'ayina, yawancin waɗannan takardu biyan su ya fi, domin yawancinsu daidai suke. Na san ana cewa kyamarorin hanyar tatsar kuɗi ce, kuma ba a rasa dalilin yin ƙorafi ba: binciken hukumar manyan hanyoyi ta tarayya na 2005 ya nuna karon baya ya ƙaru da kimanin kashi 15 cikin ɗari a mahaɗun da aka sa kyamara, saboda masu taka burki ba shiri. Amma binciken nan dai ya nuna karon gefe ya ragu da kimanin kashi 25, shi ne kuwa karon da ke samun mutum a ƙofa, inda ƙarfen da ke kare shi bai taka kara ya karya ba. Ƙanwarka na zaune a kujerar da ke jikin ƙofar ranar. Wannan ya kamata yaron ya ji daga bakinka, tare da cewa ruwan ɗorawa a titunan birni ba ta wuce kimanin daƙiƙa uku, iyakar gudu kuma mil 25 ne a awa in ba a rubuta wani adadi ba.

In motar tana da lambar TLC, wato hukumar tasi ta birnin mai kula da motocin haya masu ɗaukar fasinja, hukumar na da nata dokoki da nata maki, kuma wasiƙar da ta fito daga gare ta ba a auna ta da abin da na faɗa a sama. Sannan ka tabbatar adireshin da ke rajistarka shi ne inda kake kwana yanzu. Can ake aika sanarwa, doka kuma ta ba ka kwana 10 ka sanar da DMV in ka sauya gida. Mutane da yawa ba su san da tara ba sai da ta zama hukunci, saboda wasiƙun na zuwa tsohon gida. Ita sanarwar gaskiya ta gidan waya take zuwa. In saƙon tes ya shigo wayarka yana cewa ka danna nan ka biya tarar danja yau ko a soke maka lasin, 'yan damfara ne, ka goge shi.